Abin da Matar Rumbu Ta Jawo wa Goggo Mairamu

Gidan Maitama,
Ta Malumfashi.
9 ga Janairu, 1987.

Yaya Istifanus,

Gaisuwa mai yawa cikin sunan Ubangijinmu Yesu. Ina fata ka koma Jos lafiya, kuma sanyin garin bai hana ka aiki ba. Mu nan kowa lafiya, sai Baba da gwiwarsa ke taɓa shi in ya daɗe a gona. An gama kai dawa gida, auduga ma saura tsinka ta ƙarshe. Mun koma makaranta, bana aji huɗu aka ba ni.

Tun da kakanninmu mata suka rasu, zumuncin gidanku da namu ya koma sai Kirsimati zuwa Kirsimati, shi ya sa ban saba rubuto maka ba. Amma akwai maganar da ba zan iya jira sai ka zo ba. Maganar fim ɗin nan ce da ka ɗauka a ƙauyenmu lokacin hutunka na kaka, wanda ka sa wa suna Matar Rumbu.

Ranar Asabar na je Funtua sayen alli da littattafan rubutu, sai na bi ta shagon Raufu mai gyaran talabijin, wanda ka bar wa kaset ɗin. Da ƙyar na sami wurin tsayawa. Ya share ɗakin bayan shagon, ya jera bencuna, ya toshe taga da buhunan auduga. Sau huɗu yake nunawa a wuni, tun hantsi, kuma kowane nuni sai an mayar da mutane. Leburorin injin gurzar auduga ne, da direbobi, da 'yan kasuwar hatsi, har da mata a ɗan gefen da ya ware musu. Matarsa Folake ta gane ni, ta ba ni kujerarta.

Yaya, ni na riƙe maka kwanon toka ranar da kuka shafa wa Goggo Mairamu a fuska. Na san jinin nan zoɓo ne aka dama da garin rogo, na san ƙarar nan kwanon rufi ne Enoch yake girgizawa a bayan danga. Duk da haka, wurin da Uwa matar Enoch ta hau tsani ta ɗaga jinkar rumbu, Goggo ta taso daga ciki a hankali ba ta ko ƙifta ido, sai da tsigar jikina ta tashi. Da ta durƙusa ta kwashi inuwar Uwa ta zuba a ƙwarya kuwa, wata mata ta fita a guje ta bar takalminta.

Wani da ke kusa da ni yana gaya wa abokinsa, wai finafinan waje ko dodo ya fito ka san can wata duniya ce, amma wannan rumbunmu ne, Hausarmu ce, ga hoton yana rawa kamar a ɓoye aka ɗauke shi. Abokin ya ce ai ba shiri ba ne, kama ta aka yi tana yi.

Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne wani direban akori-kura da ya miƙe bayan an gama ya ce, "Na san tsohuwar nan. A kasuwar Malumfashi take sayar da daddawa." Ba wanda ya yi dariya.

Ka bar kowa da sunansa na gaskiya a ciki. Goggo ba ta da miji, ba ta da ɗa a raye, kai ne ɗan da ta riƙe bayan rasuwar mahaifiyarka. Ita ba ta ma ga fim ɗin ba, tana ta gaya wa mutane ta taya ɗanta wasa. Don Allah ka rubuta wa Raufu ya riƙa faɗa kafin ya kunna cewa shiri ne, ko ka zo ka ƙara rubutu a farkonsa.

Ƙanwarka,
Liatu.

Jos.
26 ga Janairu, 1987.

Ƙanwata Liatu,

Na sami wasiƙarki, na kuwa yi murna ƙwarai. Ina lafiya, sai mura da ta kama ni mako guda ta sake ni. Ki gai da Baba, ki ce ya riƙa gasa gwiwar da ruwan zafi. Ki gai da Fasto da dukan 'yan'uwa.

Sau uku na karanta wurin matar da ta bar takalminta. Ba ki san yadda na ji ba. Shekara bakwai ina ɗaukar hoton taron manya a wurin aiki, yau buɗe famfo, gobe buɗe kwalbati, ban taɓa jin wani ya tashi daga kujerarsa saboda abin da na ɗauka ba. Ga shi da kamarar aro ta masu ɗaukar biki, da kaset biyu, da kwana shida, mutanen Funtua suna layi.

Abin da mutumin nan ya faɗa gaskiya ne. A nan ma ina shiga gidajen bidiyo, kuma na lura finafinan ban tsoro da suka fi zama a zuciyar mutane ba na masu kuɗi ba ne. Waɗanda wasu samari suka yi a wani kango ne, da fitila ɗaya, da 'yan wasan da ba wanda ya san su. Mai kuɗi yakan nuna maka dodon gaba ɗaya, ka gan shi ka huta. Wanda ba shi da shi dole ya ɓoye dodonsa, sai kai mai kallo ka ƙarasa shi da abin da kake tsoro tun kana yaro. Ni ban ƙirƙiro komai ba. Labarin da ake ba mu ne don kada mu hau rumbu.

Game da faɗa wa mutane shiri ne, Liatu, in aka yi haka an kashe shi. Mutum yana shiga ɗakin nan ne don ya ji tsoro na awa ɗaya, ya fito ya ga rana ya gode wa Allah. Ki bar su. Kafin damina sun manta, wani sabon kaset ya zo. Mutanen Gidan Maitama kuwa ai a gabansu aka yi komai, wa zai ruɗe?

Ki gaya wa Goggo na ce ba a ga komai ba tukuna. Abin da ke cikin Goggo ya fi abin da ya fito a kaset ɗin nan, ni da na tashi a hannunta na san haka tun ina ƙarami. In na zo da kaka za mu fito da sauran.

Ranar ɗaya ga wata za a tura mu kwas Legas, wata biyu. Ban san adireshin can ba tukuna. Ki ci gaba da rubutowa nan, za a ajiye mini.

Yayanki,
Istifanus.

Gidan Maitama.
27 ga Fabrairu, 1987.

Yaya Istifanus,

Ina gaishe ka da fatan kana cikin ƙoshin lafiya. Baba ya ji sauƙin gwiwa. Ni ma lafiyata ƙalau, sai dai hankalina ba a kwance yake ba.

Mako bakwai ke nan da na rubuto maka, ban ga amsa ba. Ka san Enoch ne sakataren majami'a, shi yake ɗauko wasiƙunmu daga akwatin gidan waya a Malumfashi duk Laraba. Kullum sai na tare shi, ya ce babu tawa. Ko wasiƙata ba ta isa ba ne, ko ka ga maganar ba ta kai a amsa ba?

Uwa ba ta da lafiya, yau kwana goma. Zazzaɓi, ciwon kai, ciwon ciki, ba ta iya riƙe abinci. Ta rame har idonta ya faɗa, kamar yadda kuka mai da ita a ƙarshen fim, sai dai wannan karon ba da gawayi aka zana mata ba. An sayo ƙwayoyi a kemis, an yi jiƙe-jiƙe, babu sauƙi. Na ce a kai ta asibiti, uwar mijinta ta ce wannan ba ciwon asibiti ba ne.

In zazzaɓin ya hau sai ta yi ta sambatu. Abin da take faɗa shi ne, "Goggo, ki mayar mini, Goggo, ki mayar mini." Ka tuna kai ka koya mata wannan maganar, ka sa ta maimaita ta har sau goma sha biyu a gindin tsani saboda dariya tana kama ta. Na faɗi haka a ɗakin, aka dube ni kamar ni ce mara lafiyar.

Samarin ƙauye duk sun je Funtua sun kalla, sun dawo suna ba da labari a bakin rijiya. Mutanen da a gabansu aka yi komai, yanzu su ne suke cewa ba wanda ya ga lokacin da Goggo ta shiga rumbun. Ni na gani, ni da kai muka riƙe mata tsani suna can suna cin tuwo. Wasu sun ce kamara tana ganin abin da ido ba ya gani, kuma kallon da Goggo ta yi a kaset ba na mutum ba ne. An tuno 'ya'yanta uku da suka mutu suna ƙanana. An tuno mijinta.

Makon jiya ta dawo da daddawarta daga kasuwa ba wanda ya taya. In ta zo ɗibar ruwa mata suna janye yaransu. Jiya na same ta tana tsince kalwa a ƙofar ɗakinta, ta tambaye ni ko na san abin da ta yi wa mutane. Na ce ban sani ba. Ƙarya na yi mata, kuma ta san ƙarya na yi.

Ka rubuto wa dattawa da hannunka. In da hali ka zo da kanka, ya fi.

Ƙanwarka,
Liatu.

Gidan Maitama.
11 ga Maris, 1987.

Yaya Istifanus,

Ina gaishe ka. Ka yi haƙuri, ba ni da natsuwar doguwar gaisuwa. Uwa tana nan da rai, amma sai an juya ta.

Na ga wasiƙarka, sai dai ba ni aka fara ba. Ta iso ne a makon da Uwa ta kwanta. Enoch ya ga sunanka a bayan ambulan, ya buɗe, ya riƙe ta duk tsawon kwanakin nan. Jiya da la'asar ya karanta ta a zauren Baba Atu mai unguwa, a gaban dattawa.

Bai karanta duka ba. Wurin da ka ce abin da ke cikin Goggo ya fi abin da ya fito a kaset, kuma ka san haka tun kana ƙarami, kuma da kaka za ku fito da sauran, shi ya karanta, sau biyu. Ka san abin da ake cewa yana cikin cikin mayya. Kafin ya rufe baki wani ya ce ƙanƙarar maita ke nan, ga ɗan da ta riƙe ma ya shaida. Na miƙe, ko da yake ba wurin maganar mata ba ne, na ce gwanintar wasa kake nufi. Enoch ya miƙo mini takardar ya ce in nuna masa kalmar wasa a wurin. Na karɓa na duba har sau uku. Babu ita, Yaya.

Kada ka ɗauka Enoch mugu ne. Hawaye yake yana karantawa. Mutum ne da matarsa take mutuwa a gabansa, yana neman wanda zai kama.

Ga abin da aka yanke. Ranar Litinin, sha shida ga wata, za a kawo Goggo gidan Enoch, ta tuɓe a gaban jama'a, ta tsallaka Uwa sau uku, ta kuskure baki a ba Uwa ruwan ta sha, kamar yadda ake yi wa wadda ta kama kurwar mutum. In ta ƙi, ta bar ƙauye. Fasto ya ce duk wanda ya sa hannu a wannan abu ba zai ci Jibin Ubangiji ba, amma dattawan majami'a biyu suna bayan Enoch. Baba Atu ya ja ranar zuwa Litinin ne don yana fatan ka zo ka faɗi abin da kake nufi da bakinka.

Yanzu na san kana Legas. Ba ta gidan waya zan aiko wannan ba, wani direba mai kai dawa Jos ne zai kai ta ofishinku, na kuma rubuta a bayanta a buga maka waya. Goggo shekararta sittin da wani abu. Ban san abin da za ta yi ranar ba, ba ta gaya mini ba. Tun jiya take wanke-wanken kayanta tana ninkewa.

Liatu.

Jos.
7 ga Afrilu, 1987.

Ƙanwata Liatu,

Ina gaishe ki, ina gai da Baba. Ban san ko in tambayi lafiyar Goggo da ta Uwa ba, don ina tsoron amsar.

Ranar Alhamis na dawo daga Legas na sami wasiƙunki biyu a kan teburina, ɗaya kan ɗaya. Direban ya ba mai gadi, mai gadi ya ajiye, ba wanda ya buga mini waya. Na karanta ta biyun a tsaye. Da na duba kwanan wata na ga Litinin ɗin ta wuce da fiye da mako biyu, sai na zauna a ƙasa.

Allah ya sani, abin da nake nufi shi ne baiwar da ke gare ta. Ina yaro in tana ba mu tatsuniya takan sauya murya har sau biyar, mu yi ta ƙanƙame juna muna roƙon ta ci gaba. Wannan nake nufi da na sani tun ina ƙarami. Sauran da na ce za mu fito da shi, fim na biyu ne. Kin gargaɗe ni tun Janairu, na karanta gargaɗin ban ga komai a ciki ba sai yabo.

Zan faɗa miki gaskiya, don ke kaɗai zan iya gaya wa. Ranar Asabar na je tasha na shiga motar Funtua. Kafin ta cika na sauka. Ban san da wace fuska zan shiga Gidan Maitama ba, ban san abin da zan tarar ba. Ki kira ni matsoraci, haka ne.

Na haɗa abu biyu da wannan wasiƙar, mai kawo ta zai ba ki hannu da hannu. Na farko takarda ce zuwa ga Baba Atu da dattawa, na bayyana komai dalla-dalla, na sa hannu. Na biyu kaset ne na abubuwan da na yanke ban sa a fim ba. A ciki akwai inda ake shafa mata toka tana atishawa, akwai inda muka riƙe mata tsani, akwai inda ita da Uwa suka faɗi ƙasa don dariya. A nemi talabijin da janareta a nuna wa kowa.

Sannan ki je wurin Raufu ki karɓo Matar Rumbu ki ƙone shi. Na rubuta masa shi ma. Ki amsa mini da sauri, ko layi biyu ne.

Yayanki,
Istifanus.

Gidan Maitama.
30 ga Afrilu, 1987.

Yaya Istifanus,

Saƙonka ya iso. Muna lafiya. Goggo tana da rai, Uwa tana da rai. Na fara da wannan don kada ka sake zama a ƙasa.

Ranar Litinin ɗin da hantsi Goggo ta zo gidan Enoch da ƙafarta, ba wanda ya je kiranta. Zanenta na zuwa majami'a ta ɗaura. Tsakar gida ya cika, har kan danga. An fito da Uwa a tabarma. Baba Atu ya faɗi abin da aka taru a yi, kansa a sunkuye.

Goggo ba ta dubi kowa ba sai Enoch. Ta ɗaga hannunta na dama ta ce, "Da hannun nan na yanke cibiyarka, da shi na yanke ta 'ya'yanka biyu. Ba zan tuɓe ba. In kana so ka ga tsiraicina, zo ka kwance zanen da kanka."

Enoch ya taka sau biyu ya tsaya. Ba wanda ya motsa. Sai ta durƙusa ta taɓa goshin Uwa, ta juyo ta ce da ni in je titi in tsayar da mota, yarinyar nan ba za ta kai Laraba ba. Na fita a guje. Da na dawo da akori-kura, Fasto da Baba suka kama tabarmar, Enoch ya kama ɗaya gefen. A cinyar Goggo Uwa ta yi tafiyar har asibiti a Malumfashi.

Likita ya ce taifot ne, kuma saura kaɗan hanjinta ya fashe. Mako uku ta yi ana mata allura da ƙarin ruwa. Yanzu tana gida, tana takawa da sanda.

Kada ka yi murna tukuna. Muna can asibiti a ranar, da rana tsaka, aka cinna wa rumbun Goggo wuta da dawarta ta shekara a ciki. Har yau ba wanda ya ga wanda ya yi. Da Uwa ta warke kuwa, sai aka ce ai taɓa goshin nan da Goggo ta yi shi ne sakin kurwar, ta saki ne don ta ga an rutsa ta.

Baba Atu ya karanta takardarka a zaure. Fasto ya aro talabijin da janareta, aka nuna kaset ɗinka na biyu bayan sujada. An yi dariya sosai wurin atishawar. Wasu sun ji kunya, na gani a fuskarsu. Amma muna fitowa na ji uwar Enoch tana cewa mayya ma ai tana dariya.

Na je wurin Raufu. Ya ba ni kaset ɗin ba musu, ya kuma yi baƙin ciki ƙwarai da ya ji labarin. Sai dai ya ce ƙonewar ba ta da amfani. Tun Fabrairu masu gidajen bidiyo suka kwafa, wani ya kwafa daga wani. Akwai shi a Dandume, akwai a Matazu, an ce har Gusau. Wai duk kwafin da aka yi hoton yana ƙara dushewa, kuma haka mutane suka fi so, sun ce ya fi ban tsoro. Na ƙone naka dai, kamar yadda ka ce.

Goggo ba ta koma ɗakinta ba. Folake ta ba ta ɗaki a gidansu a Funtua, ta ce ta zauna iya yadda take so. Na karanta mata wasiƙarka duka, har wurin tasha. Ta saurara, ta ce in ninke in ajiye. Ba ta ba ni saƙo ba.

Ƙanwarka,
Liatu.

Funtua.
8 ga Disamba, 1987.

Istifanus, ɗana,

Ni ce Goggonka Mairamu. Liatu ce take rubutawa, na ce ta sa yadda na faɗa, kada ta gyara. Ina gaishe ka. Ina lafiya, sai idona na hagu da ke yawan ruwa. An ce yanzu mu 'yan Jihar Katsina ne, ni dai ban ga abin da ya sauya ba.

Wasiƙunka huɗu duk an karanta mini. Atamfar da ka aiko ta iso. Maganar in dawo Jos in zauna da kai, na ji, na gode, ba zan zo ba. Ban amsa maka da wuri ba don ina fushi da kai, kuma ban so in faɗi abin da ba zan iya janyewa ba.

A watan jiya na ce da Raufu ya nemo mini fim ɗin nan in gani, tunda kowa ya gan ni ban da ni. Ya ƙi, na matsa masa. Ya aro a wurin wani, ya kunna mini ni da Folake. Ɗana, na ji tsoro. Da matar nan ta taso daga rumbu na manta ni ce, na kama hannun Folake. Aikinka ya yi kyau, ba zan ɓoye maka ba. Bayan an gama na daɗe a zaune ina tunani. Shekara arba'in da ɗaya na yi a Gidan Maitama. Ba kaset ɗinka ne ya sa musu wannan zato ba, yana nan a ransu tun ranar da na binne ɗana na uku. Kai dai ka ba su abin nunawa.

Har yanzu ana kallonsa. An ce wasu samari a Dandume sun ari kamara suna yin nasu, na wani mutum a cikin rijiya. Na sa Raufu ya aika musu su sauya wa kowa suna, kuma kada su sa tsohuwar da ba ta da kowa. Ina sayar da daddawata a bakin tasha. Wasu in sun gane ni sai su ja da baya, wasu kuma su saya don su je su ce sun ga Matar Rumbu. Ina karɓar kuɗin duka biyun.

Uwa ta zo nan sau biyu. Na farko kuka ta yi ta tafi. Na biyu ta zo da Enoch. Ya tsaya a ƙofa bai shigo ba, ya ce ya gina mini sabon rumbu, ya zuba dami goma daga tasa dawar. Na ce na ji. Uwarsa har yanzu ba ta yarda ba, akwai irinta da yawa.

Ga abin da ya sa na sa a rubuto maka. Ranar Kirsimati zan koma Gidan Maitama. Can aka binne mijina da 'ya'yana, can za a binne ni. Zan shiga majami'a da safe in zauna a benci na biyu, wurin da na saba. Na san in na zauna, wasu za su tashi su bar mini bencin. Liatu za ta zauna a damana. Hagu babu kowa.

Ka ce ka shiga mota ka sauka. Wannan karon ka zauna har ta cika. Kada ka zo da atamfa, kada ka zo da kamara. Ka zo ka zauna a haguna, mutane su gani.

Goggonka,
Mairamu.